Muryoyin Matan Gangara Sun Maƙale

Cadawa, daren Alhamis, Janairun 2011

Har yanzu raina a ɓace yake. Jiya na wuni kasuwar Gangara ina ɗaukar muryoyin mata kan abin da suke so daga masu neman ƙuri'a, yawancinsu kukan rijiya suke yi. Na yi musu alkawari za su ji kansu a rediyonmu kafin zaɓe. Yau na zo juya sautin rakodata zuwa irin wanda odinatarmu, wato kwamfutar gidan rediyo, ke karantawa, sai ta ce wani fishiye, wato fayil, wai dll, ya ɓace.

Ashe Malam Idi mai kula da injuna ne ya yi wa odinatar shara. Wai wuri ya cika, ya haɗa tarkacen wucin gadi da fayilolin da ke juya sauti ya goge duka. A gaban darakta ya ce mini, "Haba Rabi, maganar rijiya ce fa kawai."

Kawai! Tsohuwar nan da ta bar tallan ƙuli-ƙulinta ta nuna mini yadda igiyar guga ta cinye mata tafin hannu fa?

Gobe zan kanga rakodar a bakin makirfo. Ko sautin bai fita tas ba, wallahi sai an ji su.