"Shi" ɗin da ya cinye gidan Hajiya

Assalamu alaikum mai shafi, da ku masu karatu. Don girman Allah a sakaya sunana, kuma ku bari in kai ƙarshe kafin ku zage ni, don wallahi zagin da nake yi wa kaina ya fi naku zafi.

Ni malamin lakwal ne, wato makarantar boko, a Sokodé, Faransanci nake koyarwa. A unguwarmu ta Didaouré akwai wata dattijuwa mai sayar da atamfa, zan kira ta Hajiya. Aminiyar marigayiya mahaifiyata ce, tuwon gidanta na ci har na yi gemu. Allah bai ba ta haihuwa ba. Da mijinta ya rasu, sai ƙanensa ya kai ƙara wai gidan da take ciki na wansa ne, a sa shi cikin gado. Alhali duk zango an san da guminta ta sayi filin, sai dai babu takarda, da baki aka yi cinikin. Wannan ƙanen miji kuwa surukina ne, uban matata. Kun ga inda aka matse ni.

Shaida ɗaya ya rage wa Hajiya, tsohon maginin da ya gina gidan, Baba Lare, ɗan ƙabilar Moba, aka ɗauko shi tun daga Dapaong. Ba ya jin Faransanci, Hausar zango yake yi. Ranar shari'ar tafintan kotu bai samu zuwa ba, sai Hajiya da bakinta ta ce, "Ga ɗana nan, a sa shi." Kafin a rantsar da ni surukina ya ja ni gefe ya ce, "Malam, ban ce ka yi ƙarya ba. Abin da ya fito daga bakin tsoho shi za ka faɗa, kada ka ƙara gishiri." To, wanda ya san Hausarmu ta nan ya san da yawa ba ruwansu da "ita". Mace shi, namiji shi. Mutum zai ce matata ya haihu, ba mai dariya. Alƙali ya tambaya, wa ya sayi filin? Baba Lare ya turo baki wajen Hajiya yana nuna ta, ya ce, "Shi ya saya. Shi ya kawo siminti, shi ya sallame ni." Na ga bakin nan ƙuru-ƙuru. Alƙali bai gani ba, kansa na kan takarda. Na waiga, muka haɗa ido da surukina, sai na ji bakina ya ce "il", wato namiji, maimakon "elle". Magatakarda ya rubuta mijin ne ya saya. Turo baki kuwa ba ya shiga takarda.

Aka yanke hukunci gida na mamaci ne, za a sayar a raba, Hajiya ta tashi da ɗan kasonta. Na yi ta lallashin kaina cewa ai ban yi ƙarya ba, kalma da kalma na fassara. Wace irin kalma da kalma? Ni da na tashi cikin wannan Hausar? Na sani sarai, tsoro ne kawai ya kashe ni, tsoron a ce na kunyata uban matata a gaban jama'a.

Hajiya ta ɗaukaka ƙara, ta nemi lauya. Ku ji wani abin takaici, ni ta sake ɗauka in yi musu tafinta. Lauya ya ce in gaya mata kotun sama ba ta mayar da shari'a baya don kawai mutum bai ji daɗin hukunci ba. Sai an nuna an yi ɓarna a yadda aka saurare ta, kamar a hana mutum magana, ko a rubuta shaida ba yadda aka bayar ba, sannan a ce a koma a sake daga farko. In babu wannan, abin da ke cikin takarda za a duba, takarda kuwa ta ce shaidan nata ma mijin ya ba gaskiya. Ya ce in tambaye ta ko tana zargin fassarar. Ni da bakina na juya mata tambayar. Ta yi dariya ta ce, "Haba! Gaya masa ɗana ne ya yi, wannan ko wuƙa aka sa masa a wuya ba zai cuce ni ba." Na juya masa wannan ma da Faransanci, ya rubuta.

Na ce bari in nemi mafita ba tare da na tona kaina ba. Na shiga mota na tafi Dapaong in sa Baba Lare ya maimaita maganarsa a gaban wani tafinta. Na tarar da shi kwance a tabarma, ɓarin jikinsa ya shanye, bakin ya karkace. 'Yarsa ta ce, "Tun bayan salla bai ce uffan ba." Ya gane ni, ya riƙe hannuna, hawaye na zuba. Innalillahi. Duk duniya yanzu ni kaɗai na san yadda aka juya "shi" ɗin nan, ni da surukina.

In na je na faɗa, na yi rantsuwa na karya, aikina ya tafi, wataƙila har gidan yari, aurena kuma ba sai an faɗa ba, ga 'ya'ya uku. Kuma ko an mayar da shari'ar, wa zai tsaya mata? Tsohon da ba ya magana, ko ni da zan fara da cewa ni maƙaryaci ne? In na yi shiru, masu saye har sun fara zuwa suna auna tsakar gida da ido. Lauya ya ce mako biyu suka rage ya miƙa hujjojinsa.

Jiya da rana Hajiya ta kawo mini tuwo, ta tare ni a ƙofa ta ce, "Ɗana, in Allah ya sa aka mayar da mu kotun farko, kai za ka sake yi mini tafinta, ban yarda da kowa ba." Na ce to, Hajiya. Tuwon yana nan a rufe, na kasa buɗe kwanon.

Jama'a, don Allah, me zan yi?