Na Hau Dala, Na Dawo Ba Nana

Zuwa ga Yayata Zuliha, a Agege.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da girmamawa, Yaya, ina roƙon Allah Ya sa takardar nan ta same ki lafiya, ke da Alhaji da yara da duk wanda ke cin tuwon gidanku. Yaya ƙafar taki? Yarona Basiru ya ce da kuka yi waya kin gaya masa har yanzu a zaune kike sallah. Allah Ya ba ki sauƙi, Ya sa kaffara ce. Mu nan muna nan yadda kika bar mu da kika zo ta'aziyya. Gero ya shigo, ba laifi, dawa ce dai ruwa ya ɗauke mata da wuri. Basiru ya koma Watari wurin tumatir, sai Juma'a muke ganinsa. Malam yana fama da tarin nan nasa. Na zaɓi in rubuto ne domin in na ɗauki waya na ji muryarki, kuka yake riga ni magana. Ki yi haƙuri da rubutun, kin san inda karatuna ya tsaya.

Kin tuna shawarar da kuka yanke ke da Malam kafin ki koma. Kuka ce in surukata Halimatu Sadiya ta fita takaba, in je birni in ɗauko Nana in yaye ta, ta zauna a wurina ke nan, kamar yadda aka ɗauki ubanta aka ba ki yana ɗan yaye. Kika ce uwar yarinya ce, gobe za ta yi wani auren, kada jininmu ya tashi agola a gidan wani. Ban musa ba. Har daɗi na ji a raina. Na sa an ɗinka 'yar katifa, na ware geron kunu, ina ta cewa takwarata za ta zo ta ɗebe mini kewa. To, ranar Asabar na je, kuma na dawo ba ita. Ina so ki ji dalili daga gare ni kafin ki ji daga wani.

Da hantsi na isa gidan iyayenta a gindin Dala. Na tarar har an haɗa kayan Nana a jaka an jingine a bakin ƙofa. Muna cikin gaisawa sai ga Jamil, abokin aikin marigayi, wanda suke zagayawa da baƙi tare suna nuna musu wuraren tarihi na birni. Ya durƙusa ya gaishe ni, ya ce yana da baƙi a ranar, kuma yana roƙona don Allah in bi su, wai abokinsa ya sha gaya masa wata rana sai ya zaga da Inna da ƙafarta. Gaskiya ya faɗa. Duk Sallah sai marigayin ya tsaya a bakin ɗakina, yana kallon gefe, ya ce yaushe za a zo a ga birni. Ni kuma in amsa wa bango, in ce Allah Ya kai mu. Kin san ni da shi, Yaya. Ɗan fari ne. Bakina bai taɓa kama sunansa ba, ko a bayan idonsa, daga wancan sai yaron Yaya. Ina zan iya bin bayansa a titi yana magana ina saurare? Amma ran nan na ce to. Halimatu ta ce a bar ta ta zo ita ma, ta goya Nana. Ba ta ce goyon ƙarshe ba ne, amma na gane.

Baƙin ba su da yawa: wasu 'yan mata ɗalibai daga Jos, wani Bayarabe da matarsa, da wata Baturiya doguwa mai malafa. Adaidaita ta sauke mu a Ƙofar Mata, daga nan kuma sai ƙafa. Marina aka fara kai mu. Rijiyoyi ne birjik a ƙasa, amma da yawa sun bushe, sai leda da ƙasa a ciki, 'yan kaɗan ne ke da ruwan baba. Jamil yana bayanin yadda ake haɗa baba da toka, sai wani tsoho mai rini, hannunsa shuɗi har gwiwa, ya hango Nana ya ɗaga murya wai ga amaryarsa ta zo, ina ta shiga ta bar shi da yunwa. Ita kuwa ta miƙa masa hannu tana dariya. Da Jamil ya gaya masa ko ni wace ce, ya tsaya yana kallona, ya ce ashe yaron yana da uwa a nan kusa, shi duk zatonsa tana Ikko. Ya ce ɗan nawa ya ishe shi da tsiya, kullum sai ya nuna shi ga baƙi ya ce da shi aka haƙa rijiyar farko, har wani Bature ya taɓa yarda. Ana ta dariya, sai na ga tsohon ya sunkuya yana goge ido da kafaɗa, don hannun ba ya taɓa fuska.

Muka bi ta gaban babban masallaci da ƙofar gidan sarki, muka shiga Gidan Makama. Ginin ƙasa ne mai kauri, ciki da sanyi kamar randa, ga tsofaffin bindigogi da ƙyamaren ƙarfe da hotunan mutanen da duk sun mutu. A nan ɗaya daga cikin 'yan Jos ɗin ta riƙe hannuna, yarinya mai kirki, ta yi mini gaisuwar rashi, ta ce Mama yaya ma sunan ɗan naki, tana so ta sa shi a addu'a. Na ja mayafi na rufe baki. Ta zaci ban ji ba, ta sake tambaya da ƙarfi. Jamil ne ya amsa mata. Ita kuma Baturiyar ta sa ya tambaye ni wai da yana ƙarami yaya yake, haka yake da surutu tun asali? Na ce a gaya mata yayata ce ta sani. Ke kika san ranar da ya yi famfara, ke kika yi jinyar kaciyarsa. Ni da ya dawo mini, an kawo shi makarantar kimiyya ta Dawakin Tofa, har gemu ya fara tsiro masa.

Kasuwar Kurmi ita ta fi ba ni wuya. Lunguna ne matsattsu, warin fata da na kwata da ƙamshin kayan yaji duk a haɗe. Ko'ina muka ratsa sai an kira sunansa. Dukawa suka kira, masu ƙwarya suka kira, mai sayar da duwatsun wuya ya kira, kowa yana faɗarsa a sauƙaƙe kamar ba komai ba. Wata mai gurasa ta ja ni ta zaunar a kan bencinta, ta ce ita ce uwarsa ta kasuwa, kada in yi kishi. Ta ce kullum in ya sallami baƙi a nan yake zama, a zuba masa yaji da yawa amma kada a kuskura a sa albasa, ko ƙamshinta ba ya so, in ta manta sai ya ce ta haɗa baki da maƙiyansa. Yaya, duk zuwan da yake yi gida sai na cika masa miya da albasa, don a ganina gata nake yi masa. Yana cinyewa tas, ya aiko Basiru da kwano a ce an gode. Ranar da motar nan ta bi ta kansa a Bacirawa ma, yana hanyar zuwa taya mu shuka, miyar da na ajiye masa ke nan.

Rana ta yi sanyi muka iso Dala. Na hau da ƙyar, ina hutawa a hanya, Bayaraben nan yana tsokanata wai in na gaji matarsa za ta goya ni. A sama birni duk ya bazu a gabanmu, rufin kwano iya ganinka. Jamil ya nuna inda badala ta bi, ya ce yawancinta ta zube, wani wurin ruwa ya ci, wani wurin mutane. Ya ba da labarin maƙeran da suka fara zama a wurin. Sai ya juya ya fuskanci yamma maso arewa, ya ce zai rufe yadda abokinsa yake rufewa. Wai kullum sai ya nuna can inda gidaje suka ƙare gonaki suka fara, ya ce wa baƙi duk abin da suka gani a birni daga can ake ciyar da shi, kuma a can mahaifiyarsa take, sunanta Hure, ba ta taɓa hawa nan ba amma tana tafe. Baƙin suka juyo suna kallona. Na duba wajen, ban ga komai ba sai hayaƙi da duhun itatuwa. Na so in kira shi sau ɗaya, a hankali, yadda ba mai ji. Harshena ya ƙi.

Da na waiwaya, sai na ga Halimatu ta koma gefe ta ba mu baya tana ba Nana nono. Ta daɗe. Da ta gama ta taso ta durƙusa a gabana, idonta a ƙasa, ta fara yi mini bayani. Wai Nana ba ta shan kunu da zafi, sai an fifita. Wai ba ta barci sai ta riƙe kunnen mutum. Wai tana tsoron zakara, a riƙa kore mata. Wai in ta ce tata, ruwa take nufi. Har ta gama ba ta roƙe ni komai ba. Ta ɗaga yarinyar ta ɗora mini a baya, ta ɗaure zanin da hannunta. Sai ranar da kika zo ɗaukar ubanta ta dawo mini. Ni ma ina da irin wannan bayanin a bakina ran nan, amma kunya ta sa na shige ɗakin Innarmu na ja asabari, ina jin kukansa har motarku ta tashi. Nonona ya kumbura, Inna tana gasa mini tana cewa in yi shiru kada a ji. Ban ce kin yi laifi ba, Yaya, Allah shaida. Kin riƙe shi fiye da yadda zan iya, haka kuma aka yi wa kowa a lokacinmu. Amma ga shi ya tafi, mai gurasa ta fi ni saninsa.

Da Nana a bayana na sauko. Kafin mu kai ƙasa ta yi barci, ɗan hannunta yana laluben kunnena ta cikin mayafi. A ƙofar gidansu aka fito da jaka. Na tsaya, na kwance goyon, na miƙa wa uwarta. Na ce ta yaye abarta da kanta in lokaci ya yi, ta riƙa kawo mini ita da Sallah da kaka, in kuma ta yi aure ta tafi da ita. Mahaifiyarta ta ce kada in ja wa kaina faɗan Malam. Halimatu kuwa ƙafata ta riƙe, sai da aka ɓamɓare ta.

Malam yana zaure na shigo. Ya duba bayana, ya duba hannuna. Da na gaya masa, ya ce an aike ni ɗauko jika na tafi yawon buɗe ido, Baturiya ta juya mini kai. Tun ran nan daga sannu sai sannu. Ba mugunta ba ce, kin san shi. Ashe har 'yar akuya ya saya wa Nana ya ɗaure a bayan rumbu, jiya na gan shi tsaye a kanta yana ba ta harawa, ya daɗe bai motsa ba. Ya ce zai tura Basiru ya ɗauko ta, amma ba zai yi ba sai ya ji daga bakinki, don ke kika raini uban, maganarki ce a kan 'yarsa. Shi ya sa na rubuto. Don Allah, don zumuncin da ke tsakaninmu, ki kira shi ki ce a bar yarinyar nan wurin uwarta. In kin ce a ɗauko, za a ɗauko, ba ni da ƙarfin hanawa, kuma zan riƙe ta da amana. Amma sai dai wani ya je, ni ƙafata ba za ta koma wannan aiken ba. Katifar tana nan a ɗakina, ina ganinta safe da yamma, na san abin da na bari.

Sai roƙo na biyu. In kin samu wanda zai rubuta miki, ki ba ni labarinsa yana yaro. Me yake tsoro, me yake sa shi dariya, wa ya koya masa surutu. Ko kaɗan ne ina so.

Ki gaishe mini da Alhaji da kyau, da Fauziyya da maigidanta, da Abdulganiyu, da Ummukulthum da jaririnta, Allah Ya raya. Basiru yana gaishe ki. Halimatu Sadiya ta ce in na rubuto in ce tana durƙushe tana gaisuwa. Allah Ya jiƙan wanda ya riga mu, Ya haskaka kabarinsa, Ya sa mu cika da imani. Abin da na kasa faɗa a kan Dala, bari in gwada da alƙalami, tunda shi ba ya jin kunya.

Ni ce ƙanwarki,
Hure, uwar Muntaka.