Gwajin Da Na Riƙa Faɗuwa Da Gangan

Arewacin Sweden,
11 ga Fabrairu.

Zuwa ga Corinne, hasken idona, sanyin zuciyata, ranar da ke fitowa a kan gonakinmu bayan wata biyar na ƙanƙara, macen da ta fara leƙa cikin bakina kafin ta leƙa cikin zuciyata, kuma duk da abin da ta gani ba ta gudu ba!

Na san abin da za ki ce da kin ga ambulan ɗin nan: yaushe Darcy ya koyi riƙe biro? Shekara takwas ina turo miki saƙo ta waya, layi biyu, rabinsa kuskure. To, yau ga takarda. Hasken waya yana sara min kai, likita kuma ta hana ni kallon waya da talabijin har mako uku. Ki nemi wuri ki zauna. Ba mutuwa zan yi ba, amma na yi miki ƙarya, kuma ina so ki ji ta daga bakina.

Kin tuna ranar da muka haɗu a garinmu Dauphin? Watan Yuli ne, na dawo hutu babu haƙoran gaba biyu, sandar wani ta kwashe su muna wasan hoki a kan ƙanƙara a Ohio. Na kwanta a kujerar asibitin haƙorinku ina ta zuba, ina ba ki labarin wasa goma sha ɗaya da na taɓa bugawa a babbar gasa, kamar ni na gina filin. Kika tsaya da safar hannu kina kallona, kika ce, "Buɗe baki za ka yi ko surutu? Zaɓi ɗaya, akwai mutane a layi." Wayyo Corinne! Babu mai tsaron bayan da ya taɓa tsayar da ni cak irin haka. Bayan kwana huɗu na ɗauke ki a tsohuwar motar babana muka bi hanyar gona, kanola, shukar nan da ake matsar mai, ta yi fure rawaya har inda ido ya ƙare, kika fito da hannu ta taga kina dariyar yadda nake fito da sababbin haƙora in na ce sunanki. Na zauna a ƙasashe biyar tun daga ranar, ban ga abin da ya kai wannan yammacin ba.

Kin san irin ɗan wasan da nake, ba sai na yi miki ado ba. Ƙungiya goma sha uku. Ni ne wanda ake nema a watan Janairu in gwiwar wani ta tafi, a ba ni rigar da ta rage a kabad, a manna sunana a bayanta, a ce na kwanta gaban faifan robar da muke bugawa a madadin ƙwallo in an harbo shi. Na kwanta kuwa, ƙaurina shaida ne. Kin bi ni gari biyu, kina naɗe labule kafin ya saba da taga, sannan kika ce ya isa, kika koma gida kika ci gaba da jirana duk bazara. Ban ga laifinki ba. A tashar jirgi kika riƙe min kunne kamar ɗan makaranta kika ce, "Haƙori dai ka zubar ko nawa ne, za mu dasa. Amma kai guda ɗaya gare ka, kuma ba ma sayar da shi a asibitinmu. Duk ranar da aka buge ka a ka, ni za ka fara faɗa wa." Na rantse miki a gaban jama'a.

Ga abin da ban taɓa faɗa miki ba. Duk watan Satumba, kafin a fara kakar wasa, ana zaunar da mu gaban kwamfuta a yi mana gwajin ƙwaƙwalwa. A nuna maka kalmomi ka tuna su, a nuna zane ka danna da sauri. Sakamakon ake ajiyewa a matsayin lafiyayyen kanka. In an buge ka daga baya sai a sake gwajin a kwatanta, in ka yi ƙasa a zaunar da kai. Ina da shekara ashirin da biyar tsofaffin ɗakin canza kaya suka koya min dabara: a Satumba ka yi sanyi-sanyi, ka bar kalma uku su wuce, ka danna kamar wanda bai karya ba. Ranar da kanka ya bugu da gaske, sakamakon zai fito daidai da na da, a ce ka koma fili. Tauraro ba ya bukatar wannan, shi kujerarsa tana jiransa ko wata uku ya yi. Irina kuwa in ya yi mako biyu a gida, zai dawo ya tarar da ɗan shekara ashirin a wurin zamansa yana ɗaure takalmi. Shekara tara ina mai da kaina dolo da gangan, ina kuma ganin ni ne mai wayo.

Ranar Asabar ɗin da kika kalla ta intanet, wadda aka haɗa ni da katangar fili, gwiwar hannun mutumin ta same ni a bayan kunne. Na tashi, komai ya yi fari fat, na nufi bencin abokan hamayya sai da aka juyo da ni. Ranar Litinin Likita Lindmark, likitar ƙungiyarmu, ta sake min gwajin. Na dage iya ƙarfina, na ci, har na ɗan zarce na Satumba. Da labari ya kai ɗaki, Zdenek golanmu, wanda muke zaune gida ɗaya, ya buga cinya ya ce, "Tsoho, ashe duka ne maganinka? Da mun sani ai da tuni mun gwara ka da bango ka zama farfesa!" Aka kwashe da dariya, har da ni. A ranar kika kira kika ce, "Darcy, kan fa?" Na ce ƙalau. Na ji ba ki yarda ba, na ce ƙalau, na sake cewa ƙalau. Na buga wasa huɗu bayan nan.

Makon jiya na je gidan waya da rana tsaka zan aiko miki da rigar ulu ta ranar haihuwarki. Aka miƙo min takardar adireshi. Na rubuta sunanki, na sa biro a layi na biyu, shi ke nan. Ina ganin gidan a idona, koren ƙofar, bishiyar da ke gefen hagu, har takalmanki a bakin matakala, amma sunan titin da lambar babu su, kamar an goge da tsumma. Adireshin da na rubuta a kan kwali sau nawa cikin shekara takwas? Tsoro ya kama ni, Corinne, irin wanda ban taɓa ji a kan ƙanƙara ba. Zdenek da ke jirana a mota ya gaji ya shigo, ya dubi fuskata, ya dubi takardar. Wannan karon bai yi wasa ba. Ya ce, "Ko ka tafi wurin likita da ƙafarka, ko na saɓa ka a kafaɗa. Na ga irin wannan a garinmu. Mutumin ya fi ka iya wasa nesa ba kusa ba, yanzu matarsa ke ɗaura masa igiyar takalmi."

Na faɗa wa Likita Lindmark komai, tun daga Satumban farko. Ta cire tabarau ta ajiye, ta ce, "To, wa ka yaudara? Ni dai kaina lafiyarsa lau." Sai ta yi min bayanin da ya fi dukan ciwo. Ta ce mai yiwuwa in warke sarai, mai yiwuwa wani abu ya tafi ke nan, amma ba ta da hanyar sani, domin duk takardun da ke gabanta na wani dolo ne da na ƙirƙira. Babu inda aka rubuta yadda kaina yake lokacin da yake lafiya. Ta ce, "Akwai wanda ya san ka sosai tun kafin duk wannan? Wanda zai lura in ka sauya, kuma ba zai ji tsoron faɗa maka ba? Shi ne ma'auninka yanzu, ba ni ba."

Wa zan ce? Kocin da ya san ni wata biyar? Abokan wasan da ake watsa mu duk Afrilu? Babana ya rasu, ƙanina sau ɗaya muke haɗuwa a shekara. Na yi yawo a gari goma sha uku, ashe mutum ɗaya ne a duniya ya riƙe ni a kansa yadda nake, kuma ita ce na yi wa ƙarya sau uku a waya ɗaya.

Ƙungiya ta ce in likita ta ce na warke akwai kwantiragin baɗi. Na ce na gode, na gama. Jiya na je na kwashe kayana ana tsakiyar atisaye, suka tsaya suka jeru suna buga sanduna a kan ƙanƙara har na fita. Ban waiwaya ba, don idona ya cika. Shekara talatin da huɗu, ban iya komai ba sai gudu da baya a kan takalmin ƙarfe.

Na san roƙon da zan yi babu adalci a cikinsa. Na ba wa hoki shekarun ƙarfina, ke kuma ina kawo miki abin da ya rage, ban ma san yawansa ba. Ya ke ruwan farkon bazara, ke da kike narkar da duk taurin kaina da kallo ɗaya, ina zan kai wannan kan in ba wurinki ba? In kin ce ƙaryar ta yi yawa, kin yi gaskiya, ba zan zo ina buga miki ƙofa ba. Ina sonki, kuma ba don ina bukatarki yanzu na fara ba, kin fi kowa sanin haka.

Jirgina zai sauka Winnipeg ranar ashirin da shida ga wata, ƙarfe uku na yamma. An hana ni tuƙi. In ban gan ki ba zan kira ƙanina, ba za ki ji ƙorafi daga gare ni ba. In kuwa kin zo, ga hanya har Dauphin, sa'o'i kusan huɗu, ni da ke kawai. Ki tambaye ni duk abin da kika ga dama, tun daga ranar farko. Abin da na tuna ki ce na tuna, abin da ya ɓace ki ce ya ɓace, kada ki ji tausayina ki ƙara min ko maki ɗaya. Wallahi ban taɓa zama gaban gwajin da nake tsoro kamar wannan ba, kuma ba zan bar tambaya ko ɗaya ta wuce ni da gangan ba.

Naki, da duk abin da ya rage a kan nan, yau da gobe har ranar da za a rufe min ido,

Darcy Holowaty.