Fuskata ko Kiɗana

Litinin, 3 ga Maris

Ɗakin haɗa sauti tun safe. Shekara talatin ina gaban kamara, wannan ne fim na farko da aka bar ni na rubuta wa kiɗa. Muka kai inda nake karanta wasiƙar ɗana a fim ɗin: daƙiƙa arba'in, fuskata ta cika allo, fiyanona na bi a hankali. Aurélien, daraktan, ya ɗaga hannu.

"Madam Maud, fuskarki na kuka, kiɗanki na kuka. Me kika rage wa mai kallo? Dole ɗaya ya fita."

Mutumin da aka haifa shekarar da na yi fim ɗina na uku! Kuma nan kaɗai kiɗan ke da filin numfashi. Sauran guntaye ne, na rakiyar mutane zuwa ƙofa.

Talata, 4 ga Maris

Ban je ba. Na ce ciwon kai.

Alhamis, 6 ga Maris

Shan kofi da Ghislaine mai yanka da haɗa hotunan fim ɗin, a unguwar Belleville. Na kira ta 'yar amshin shatan Aurélien. Ta cinye burodina tas kafin ta tanka.

"Ƙawata, ni almakashi ce, ba ni da ɓangare. Ina da hoton taga da ruwan sama, mun ɗauka ranar da kika shanya mu awa biyu kina kwalliya. Zo ki ga kala biyun."

Juma'a, 7 ga Maris

Na gani. Na farko fuskata, shiru. Ya yi kyau, abin haushin ke nan. Na biyu taga, gefen hannuna da takarda, sai kiɗan.

Wakilina ya bugo waya: "Maud, ki yi hankali. Mai shekara hamsin da huɗu ba a ba ta allo ita kaɗai sau biyu." Kamar ba ni da madubi a gida.

Lahadi, 9 ga Maris

Shafi ɗaya na littafi na karanta sau huɗu, ban san me ya ce ba. In na zaɓi fuskar, jaridu su ci gaba da cewa "'yar wasan nan mai ɗan taɓa fiyano", kamar mai kiwon aku. In na zaɓi tagar, wa zai sake nemana? Na gaji da su duka. Har da ni.

Laraba, 12 ga Maris

Na ce a sa tagar. Aurélien ya fara jawabi kan jarumtata, na ce ya rufe mana baki mu ji.

Hannuna na hagu a fiyanon na shiga a makare, kusan rabin daƙiƙa bayan ɗigon farko a gilashi. Da, fuskata ce ke rufe wannan. Mun wuni muna gyarawa, yanzu ya zauna daram.

Har yanzu ina fushi, ba shakka. Sai a jirgin ƙasa na tuna ban tambayi Ghislaine ko za ta adana mini hoton fuskar ba. Gobe, in na tuna.