Littafin Namun Daji da Barewar Kawu Sule

Zuwa ga Yaya Adamu a Kumasi,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kana lafiya, da Yaya Hauwa da yara. Yaya ƙafar taka? Mu nan Azare lafiya lau, Inna ma ta ji sauƙi.

Da na kama aikin gandun daji, Baturen daji ya ba ni littafin Turanci kan kiyaye namun daji, ya ce za a jarraba mu bayan damina. Da ƙyar nake karanta shi, amma na gane abu guda: in ana kashe barewa mai ciki, wata rana babu barewa. Ka tuna garkensu a hanyar Gololo? Bana ko biyar ban gani ba.

Ranar Talata na tarar da Kawu Sule cikin gandu yana feɗe barewa, ga ɗa a cikinta. Ko tashi bai yi ba. Ya ce, "Ni na koya maka bin sawu, Haruna. Littafin ne zai ciyar da iyalina?"

In na kai ƙara, gaban alƙali za a kai shi, a ƙwace bindigarsa. In na yi shiru, na ci amanar aikina, kuma zai ƙara. Har yau ban rubuta komai ba, ban kuma iya shiga gidansa ba. Inna ba ta sani ba.

Maganarka kaɗai Kawu yake ji, amma kafin wasiƙar nan ta same ka, Bature ya zo rangadi. Ka sa ni a addu'a. A gaishe da mutan gida.

Ƙaninka,
Haruna