Kunnen 'Yar Verlie

Litinin, 1 ga Maris, 1943

Malama Hatcher, nas ɗin gundumarmu, ta tara mu ungozomomi a ɗakin bayan coci, ta raba mana takarda daga ofishin rajista na babban birni. Jerin sunayen dangi ne, shafi biyu. Wai duk mai ɗaya daga sunayen nan yana da ɗigon jinin baƙar fata, ko da ya fi madara fari, kuma “baƙi” za mu rubuta masa a takardar haihuwa. Wadda ta saɓa, a ƙwace lasisinta, har da ɗaurin shekara. Na ce mata ni ba na bukatar jeri. Shekara ashirin da biyu ina duba bakin kunne da gindin farcen jarirai yadda mahaifiyata ta koya mini, in akwai duhu a nan yake fara nunawa, kuma idona bai taɓa ba ni kunya ba. Ta ce, “Almeda, ofis bai san kunne ba, suna ya sani.” Shafin farko kawai na leƙa, na cusa a jaka.

Laraba, 3 ga Maris

Verlie Pardue ta sauka da hantsi. Mace. Ni na karɓi 'ya'yanta uku na farko, duka “fari” na rubuta, biyu suna makarantar fararen fata ta bakin gada. Sunan Pardue yana shafin farko, layi na shida.

Na kai jaririyar bakin taga kamar kullum, na juya kunnen. Ban ga komai ba. Ko kuwa na ga wani ɗan duhu-duhu? Sau uku ina juyawa har ta tsala kuka. Verlie ta ce daga kan gado, “Inna Almeda, me kike nema a kunnen 'yata?” Na ce ruwa nake goge mata. Ta san ƙarya nake.

Juma'a, 5 ga Maris

Kwana goma doka ta ba ni in aika takardar haihuwar. Na cike komai. Gurbi ɗaya ya rage, na launin fata.

Lahadi, 7 ga Maris

Doss, mijin Verlie, ya tare ni a ƙofar coci, hula a hannu. “Inna, in kika rubuta abin nan, koro mini yara za a yi. Babu wata makaranta a tsaunin nan.” Na ce ba ni na yi dokar ba. Ya ce, “Amma alƙalamin a hannunki yake.” Raina ya ɓaci.

Na gaya wa maigida. Orval ko kai bai ɗaga daga tabarsa ba. “Meda, rubuta abin da aka ce. Ni ba zan shekara ina dafa wa kaina wake ba.” Wasa yake, amma bai yi dariya ba.

Talata, 9 ga Maris

Na zazzage jaka ina neman almakashi, takardar sunayen nan ta faɗo. Na karanta shafi na biyu.

Mabry. Sunan gidan su mahaifiyata.

Sai yanzu na tuna ranar da na haifi Nola, yadda Mama ta daɗe da ita a bakin taga, ta juya mini baya. Na ɗauka sha'awar jika ce. Ashe tsoro ta koya mini, ni kuma na ɗauke shi sana'a.

Na ɗauko madubi na duba kunnena. Mace mai shekara hamsin da huɗu. Kunya kamar in nutse. Ga Nola da cikin wata takwas.

Alhamis, 11 ga Maris

Malama Hatcher ta biyo wai wucewa take. Ta ƙi zama, ta ƙi shan kofi. “Takardar Pardue fa?” Na ce tana nan tafe. Ta tsaya tana kallon hoton Mama a bango, ta daɗe, sannan ta tambayi daga wane kwari take. Na ce daga nesa. Ban bar bakin ƙofa ba har ƙarar motarta ta ɓace.

Asabar, 13 ga Maris

Na rubuta “fara”, yadda na rubuta wa yayyen jaririyar. Na kai gidan waya da kaina. Ban san ko don Verlie na yi ba, ko don kaina.

Talata, 6 ga Afrilu

Wasiƙa ta zo daga ofis. In mayar da lasisi da jakar aiki. Ba a ambaci ɗauri ba, tukuna. Takardar jaririyar kuma sun gyara abinsu da nasu alƙalamin, sun mayar da ita “baƙa”. Jiya aka koro yaran Doss daga makaranta. Wahalar banza ke nan. Na yi kuka a rumbun masara, inda Orval ba zai gani ba.

Juma'a, 9 ga Afrilu

Su Verlie za su koma arewa, wurin ƙanin Doss. Ta zo da Littafi Mai Tsarki na gidansu, ta buɗe shafin da ake rubuta haihuwa. “Inna, ke kika karɓe ta, ke za ki rubuta.” Na ce me zan sa? Ta ce, “Sunanta da ranar. Nan babu gurbin wani abu.” Na rubuta Lula Almeda Pardue. Ban san da sunan tsakiyar ba sai da ta faɗa.

Litinin, 19 ga Afrilu

Nola ta sauka bayan azahar. Namiji, ƙato, da murya irin ta kakansa. Wata ungozoma ce za ta cike masa takarda, ni dai uwa ce a ɗakin. Ni na wanke shi, na naɗe, na ɗora mata a ƙirji. Sai da na dawo gida na tuna ban kai shi bakin taga ba.

Gajiya ce, ina jin.