Ka Sauka a La Courneuve

La Courneuve, ranar Litinin

Ya Maazou, hasken idona, sanyin ƙirjina, farin watan da na daɗe ina leƙe ta tagarmu ta hawa na bakwai, ruwan farkon damina da ya sauka a zuciyar da ba ta ma san tana jin ƙishi ba! Assalamu alaikum. Na so in cire waɗannan sunaye daga kan takardar nan, don yau ba ka cancance su ba, amma hannuna ya ƙi. Sau uku ina yagawa ina sakewa, sau ukun da su nake farawa. To, na bar maka su.

Na ga kiranka, sau goma sha ɗaya tun ranar Asabar. Na ga saƙonka, wai za ka yi min bayani, wai ba yadda nake zato ba ne. Ka san ni ba mai baki ba ce. In na ɗauka, muryarka za ta narkar da ni kamar man shanu a rana, in yi ta cewa "to, to" har ka kashe, ban faɗi ko ɗaya daga abin da ke cina ba. Shi ya sa na rubuta. Zan ɗauki hoton takardar in turo maka, don ta gidan waya ba za ta riske ka ba.

Ka tuna ranar da muka fara magana? Watan Nuwamba, ana yayyafi, na rako Widad 'yar Tanti Hassia kallon wasa a filin unguwarmu. Ni me na sani game da ƙwallon Amurka? Ƙatti goma sha ɗaya na gani suna tunkuyi da wasu goma sha ɗaya kamar ragunan layya, a kan ƙwallo mai siffar gwanda. Na ɓoye fuska a littafin soyayyar da nake karantawa. Kai kuma kana zaune a ƙarshen benci da gwiwa a naɗe, likita ya riga ya ce kai da sa kwalkwali har abada. Ka ce, "Malama, ara min bik ɗinki." Ka shiga zana yadda masu tsaron baya za su tsaya, rubutunka kamar kaza ta yi tono a yashi. Ban san inda na samo ƙarfin hali ba, na karɓi takardar na sake zanawa tsaf. Ka ce, "Kai! Wannan hannu, ai da shi za a ɗau kofi." Wayyo Maazou! Ranar ban ci abincin dare ba. Duk jaruman littattafaina sun koma kamar hoton bango, kai kaɗai ne mai numfashi.

Ka zayyana min matakalar da za ka hau, na haddace ta kamar karatun allo. Mai ɗaukar kayan horo tukuna. Sannan kocin masu tsaron baya na ƙananan ƙungiya. Sannan mataimaki a wurin manya. Sannan Amurka, ƙaramar jami'a, babbar jami'a, har ranar da za a damƙa maka tsaro gaba ɗaya a ce kai ne mai shi. Ka ce kocin can kamar makiyayi yake, shekara biyu a nan, uku a can, inda babban koci ya sa gaba nan mataimakansa ke bi. Ban ji tsoro ba. A raina na ce in kai shamuwa ne mai bin damina, ni ce iskar da za ta ɗauke ka. Ban taɓa ganin shamuwa da idona ba, a bakin kakata na Zinder na san ta, amma na yarda tana komawa bishiyar da ta saba.

Mataki biyu na farko a gabana ka hau su. Kowace Laraba ina ɗakin karatu na unguwa, ina kallon bidiyon waɗanda za ku kara da su, ina tsayarwa, ina zana kowace tsayuwa tasu a kati, ja nasu, shuɗi naku. Da aka kira ka Lyon ka zama mataimakin kocin nan Ba'amurke, ka kama ɗaki a Saint-Fons inda ka ce hayaƙin masana'antu ne gajimarenka, ban fasa ba. Kati ɗari biyu da goma sha biyu, Maazou. Saura ƙiris in faɗi bak, jarrabawar gama sakandare, saboda su, ban taɓa faɗa maka ba. Ina zana da'ira ina jin kamar kwalli nake sa maka a ido.

Kai ne ka koya min sirrin sana'arka. Ka ce tsaro duka abu ɗaya ne: ka nuna wa mai jefa ƙwallo wani abu kafin a fara, ka yi wani daban bayan an fara. Ka matso kamar za ka afka masa, sai ka ja da baya ka tare hanya. Ba zai gane ba sai ƙwallo ya bar hannunsa. Ka yi dariya, ni ma na yi, ina jin daɗin ina da masoyi mai basira.

A watan Afrilu ka ce in sanar a gida. Ka san abin da wannan ya ci min? Ni da ko ruwa na kai wa Baba ba na iya ɗaga ido in dube shi! Mako biyu ina kai da kawo a ƙofar Tanti Hassia kafin maganar ta fito, ita ma rabinta cikin gyale na faɗa. Tanti ta kai wa Mama, Mama ta kai wa Baba. Ina ɗaki na ji ya ce, "Yaron nan mai koyar da tunkuyi? Wannan ma sana'a ce?" Tanti ta tsaya maka, ta ce kana da salla, kana da ladabi, ta ce ita ce shaida. Bayan kwana tara Baba ya ce ka turo manyanka ranar Lahadi ta uku bayan Sallar layya. Na faɗa maka. Ka ce, "T'inquiète, kada ki damu, an gama. Kawu Illiassou zai zo da kansa."

Lahadin nan mai zuwa ce. Baba ya ce ba zai buɗe shago ba. Ya kira ƙanensa ya ce ya zo ya zauna da shi. Mama ta wanke labule, ta ciro kofunan da ba a taɓawa sai da babban baƙo.

Ni kuwa, da wautata, na ce bari in yi abin da ake yi a littafi, in zo wasanku na ƙarshe ba tare da ka sani ba. Tanti ta roƙa mana izini, ni da Widad muka hau bas, awa shida, da dambun naman da na yi maka a cinyata. Na ga inda kogunan Lyon biyu suke haɗuwa, kowane da launinsa, suna tafiya kafaɗa da kafaɗa kafin su zama ɗaya, na ce wa Widad ga mu nan. Ta ce, "Ke dai littattafan nan za su kashe ki." A filin kuma na ga abin da ban taɓa mafarki ba: zanena yana gudu a kan ciyawa! 'Yan wasanka suka matso, suka ja da baya, mai jefawa ya miƙa musu ƙwallo a hannu, daidai yadda na zana a kati na tamanin da takwas. Na yi ihu, Maazou, ni, a cikin mutane!

Kuka ci wasan. Suka juye maka bokitin ruwan ƙanƙara a ka, kamar yadda ake yi wa koci. Sai Ba'amurken ya karɓi lasifika, da gurguwar Faransancinsa, ya ce a yi maka ban kwana, ranar Alhamis za ka bi shi jami'arsu ka taimaka wa masu tsaro. Ya ce tun Fabrairu kuka gama magana. Ya ce bai taɓa ganin matashi mai tsabtar aiki irin taka ba, katunanka ne suka sa ya ɗauke ka. Ba wanda ya yi mamaki. 'Yan wasa sun sani, iyayensu sun sani, har mai gasa nama a bakin ƙofa yana tafi kamar wanda ya daɗe da ji. Kana murmushi ruwa na ɗiga daga gemunka, ka juyo, idonka ya faɗa cikin nawa ta bayan shingen waya. Ka sunkuyar da kai. Widad ta ja hannuna ta ce, "Ma chérie, tashi mu tafi." A kujerar na bar dambun.

Tun Fabrairu! Fabrairu, Maris, Afrilu, ya zumar da ta koma maɗaci a harshena. Kana da takardun tafiya a aljihu ka ce in je in buɗe bakina a gida? Ka matso kamar mai zuwa, ashe baya za ka ja, ni kuma ban gane ba sai da maganata ta bar bakina ta isa kunnen Baba, inda ba na iya dawo da ita. Ashe ni ma abokiyar karawa ce? Ashe ni ma nazarina ka yi, ka ga inda nake da rauni? Jiya Widad ta bugi cikin 'yar Kawu Illiassou, yarinyar ta ce wace Lahadi, su dai akwati suka san ana haɗa maka. Ko faɗa masa ba ka yi ba!

Akwai wani tunani da ke zuwa min ina korarsa kamar ƙuda, yana dawowa: ko ka yi shiru ne don kada hannun nan ya daina zane kafin wasan ƙarshe? Ba na so in yarda. Na fi so in ce tsoro ne ya kama ka, ka rasa ta inda za ka fara, kwana ya yi ta ture kwana. Ka ga har yanzu ni ke nema maka uzuri.

Katunan na yafe, wallahi na yafe, kyauta na ba ka, ka je ka hau matakalarka da su. Da ka ce min, "Mutmainna, ƙofa ta buɗe, ki jira ni shekara biyu," da na jira kamar gawo, mai tsayawa tsirara cikin damina don ya yi ganye lokacin da kowa ya bushe. Amma Baba fa? Mutumin da ya haɗiye shakkarsa saboda ni, zai sa babbar riga ya zauna da ƙanensa suna kallon ƙofa har shayi ya huce? Tanti Hassia da ta ce ita ce shaida, da wane ido za ta dubi Mama?

Ga abin da nake roƙo, shi kaɗai. Ranar Laraba za ka zo daga Lyon ka wuce Sevran ka yi wa Kawu sallama. Jirgin ƙasan RER da zai kai ka yana tsayawa a La Courneuve, ƙofa na buɗewa. Ka sauka. Ka san ginin, ka san hawan. Baba na dawowa bayan la'asar. Ka cire takalmi, ka durƙusa, ka faɗa masa da bakinka. In har yanzu kana so na, ka ce a yi maka haƙuri, ka kawo Kawu ko da rana ɗaya ce ta rage, a sa magana kafin ka tashi. In kuwa ba ka so, ka ce ka janye, ka nemi gafararsa. Kowanne ka zaɓa zan iya ɗauka. Ba zan fito ba, ina bayan ƙofar ɗaki, zan ji.

In kuma ƙofar jirgin ta rufe kana ciki, to ranar Juma'a, in ya dawo daga masallaci, ni zan durƙusa a gabansa in ce, "Baba, ka buɗe shagonka ranar Lahadi, ba mai zuwa." Ban san ta yadda kalmomin za su fito ba, amma za su fito, don ba zan bari ya jira ba. Kai kuma a lokacin kana can bayan teku, ana nuna maka sabon fili.

Allah ya kai ka lafiya, ya tsare gwiwarka daga sanyin can, ya ba ka abin da kake nema. Wannan addu'ar ba ta da sharaɗi. Ina fushi da kai irin fushin da ban san ina da shi ba, ina kuma son ka, su biyun suna zaune a ƙirji ɗaya ba wanda ya kori wani.

Taka, wadda ba ta janye ba, kuma ba daga bakinta za a fara jin janyewa ba,

Mutmainna